Kakanta Ne Yarinyar Fim Ɗin

Ko da tsufa zai kai ni ga manta lambar wayata da sunan titin da muka zauna a Kuala Lumpur, akwai wata ranar Asabar da na san ba za ta fita daga kaina ba. Shekaru sun ja, mun dawo gida, yaran da na goya a can duk sun kere ni tsawo, amma har yau in na ga wani babban mutum ya miƙa hannu zai karɓi makirufo a wurin taro, sai in rasa dariya zan yi ko takaici.

Karatu ne ya kai mu. Maigidana yana digirinsa na uku a fannin injiniya, ni kuma bayan na shekara a zaune a wani ɗan gida a hawa na sha ɗaya a Sentul, ina shanya kayan yara a taga ina kallon jiragen ƙasa suna wucewa, Allah ya sa na samu gurbi a sashen koyon aikin jarida. Ƙa'idar sashenmu ita ce sau uku ɗalibi zai tsaya gaban kwamiti ya kare abin da yake son yin bincike a kai. In ya faɗi a na ukun, shi ke nan, sai ya tattara takardunsa. A lokacin da wannan abu ya faru na riga na faɗi sau biyu. Saura mini dama ɗaya, in ta kuɓuce in koma taga da shanya.

Abin da nake so in yi bincike a kai shi ne fassarar fim irin tamu ta Kano. Ni a gidan yawa na tashi a Fagge, gidan da talabijin ɗaya ta ɗauki nauyin ɗakuna tara. Ran Juma'a da yamma matan gida su baza tabarmi a tsakar gida, a saka kaset ɗin Indiya, sai a ce, "Ina mai bakin nan? Zo ki tsaya." Tun ina 'yar shekara sha ɗaya nake tsayawa gefen akwatin, in yi muryar jarumi, in yi ta yarinyar fim, in yi ta bos, har da ta tsohuwar uwar jarumi. Indiyanci kuwa ban iya ba sai abin da kunne ya tsinta. Fuska nake karantawa, da tafiya, da yadda mutum ya riƙe hannunsa. Na sa mata kuka ba adadi, har tuwo ya taɓa ƙonewa saboda ni aka kuma yafe mini. A kan wannan nake so in yi rubutu, amma kwamiti suka ce wannan ba ilimi ba ne, surutu ne a kan aikin wasu. Da turanci mai laushi suka faɗa, amma ma'anarsa ke nan.

Ana cikin haka sai wata tsohuwa 'yar Japan ta zo sashenmu a matsayin baƙuwar malama ta zango ɗaya. 'Yar firit da ita, gashinta fari fat, kullum da jakar yadi a hannu. Ta shirya lacca a kan finafinan ƙasarsu na farko-farko, tun fim bai fara magana ba. Gaskiya na shiga ne don ana rubuta sunan waɗanda suka halarta. Sai na ji tana cewa a wancan zamanin ba a sakin fim haka kurum mutane su yi ta kallon bebaye. Akwai mutumin da ke tsayawa gefen allo, shi ne bakin kowa a fim ɗin, ya yi muryar namiji, ya yi ta mace, ya faɗi abin da ke zuciyar wanda ya yi shiru. Benshi suke ce masa. Ta ce mutane kan zaɓi gidan kallo saboda shi, kuma sunansa ake rubutawa da manyan baƙi a ƙofa. Ban san lokacin da hannuna ya tashi sama ba. Na ce, "Malama, ashe ni ma benshi ce." Aji ya fashe da dariya. Ita ba ta yi ba, ta dai ce in same ta a ofis.

A ofis ɗin ta kunna mini wani guntun fim na minti sha biyu, dishi-dishi, duk ya yi zane-zane. Ta ce yawancin finafinan zamanin sun salwanta, wasu gobara ta cinye, wasu yaƙi, wannan guntun danginta ne suka adana shi. Kyamara tsaye take wuri ɗaya, ba ta matsowa kusa da fuska. Wata mata ce a kan gada, riƙe da lema, ana yayyafi, tana kallon ruwa. Can sai wani mutum ya zo, hannunsa ɗaya a baya. Ya rusuna, ya yi baya, ya sake matsowa, ya kasa haɗa ido da ita. Daga ƙarshe ya fito da abin da ya ɓoye, malfa ce irin ta masunta. Matar ba ta yi kururuwa ba. Ta naɗe lemarta a hankali, ta durƙusa, ta bar ruwa yana dukanta. Nan fim ɗin ya yanke.

Tsohuwar ta ce, "Me kika gani?"

Na ce, "Mijinta ya nutse. Abokinsa ne ya kawo hularsa."

Ta gyaɗa kai. Sannan ta sa yatsa a kan matar da ke allo ta ce, "Wannan kakana ne, mahaifin mahaifina."

Na ɗauka turancinta ne ya karkace, har na gyara mata na ce kakarta take nufi. Ta ce a'a, kakanta namiji. A zamanin nan a ƙasarsu mata ba sa fitowa a irin wannan wasa, maza ne ke koyon tafiyar mata da zamansu tun suna yara, su sa kayan mata su fito. Na sake kallon allon na yi salati a zuciyata, domin da za a ba ni Alƙur'ani a lokacin da na rantse mace ce.

Ita ce ta kawo shawarar. Ta ce kwamiti sun ƙi yarda da takarda, amma wataƙila su yarda da idonsu. In tara mutanena, in tsaya gefen allo in yi musu fim ɗin da harshenmu. "Ni ba na jin harshenku," in ji ta, "saboda haka jama'a zan kalla. In suka yi shiru a inda ake shiru, zan shiga kwamitinki in faɗi abin da na gani." Malamar da ke duba aikina, wata 'yar Malesiya mai haƙuri da ni, ta samo mana ƙaramin zaure a harabar jami'a, ta kuma lallaɓo mutum biyu daga cikin kwamitin suka yarda za su zo. Mako biyu na yi ina shiri. A kicin nake yi, a jirgin ƙasa nake yi leɓena na motsi har mutane na matsawa daga kusa da ni. Maigidana ya ce tun da ya aure ni bai taɓa ganin na damu da wani miji kamar wannan masuncin ba.

To amma tara 'yan Arewa a Kuala Lumpur sai ta hannun Shugaba, wato shugaban ƙungiyarmu, kuma nan na yi kuskurena. Bari in ɗan kwatanta muku shi. Babban malami ne a gida, a tsangaya ɗaya da maigidana, kuma yana gaba da shi nesa, duk takardar ƙarin hutun karatu sai ta bi ta hannun abokansa. Mutum ne da bai taɓa jin wani abu a duniya ya ce bai sani ba. In ana maganar noman kifi ya taɓa yi, in ana maganar tuƙin jirgin sama wani ɗalibinsa ne ke koyarwa. Sannan ga babban bala'in, ya taɓa zuwa taro a Japan na kwana tara. Tun daga nan muka shiga uku. In zai gaisa da kai sai ya ɗan sunkuya, a aljihun rigarsa kusa da biro akwai tsinken cin abinci guda biyu, kuma na ji da kunnena yana ce wa mai kawo shayi a mamak, wani Ba'indiye bawan Allah da bai san hawa ba bai san sauka ba, "Arigato," wato na gode da yaren Japan. Mamak shi ne irin shagunan shayi da abincin nan da ke kowace kusurwa, kuma a irinsa muka same shi bayan sallar Juma'a, ni da maigidana.

Ya saurare ni yana kaɗa shayinsa. Da jin Japan sai fuskarsa ta washe. "Very good, very good. Ai wannan fagena ne. To wa zai yi wa jama'a bayanin?"

Na ce, "Ni ce, ranka ya daɗe. Jarrabawata ce."

Ya ajiye cokali. Bai dube ni ba, maigidana ya duba. "Ƙanena, let me be frank with you. Matar aure ta tsaya gaban maza tana kwaikwayon muryar namiji? Me baƙuwar za ta ɗauke mu? Mutanen Japan fa na san su, very conservative."

Maigidana ya sosa ƙeya ya ce, "Haka ne, ranka ya daɗe, za mu duba." A hanyar gida ya ce in rabu da shi, surutu ne kawai, ranar da kanta ba zai ce komai ba. Na yarda, don ina so in yarda.

Ranar Asabar bayan azahar zauren ya cika. Mutanenmu in an ce kallo kyauta da abinci ba a sake musu gayyata. Mata a baya da yara, maza a gaba, tsohuwar da malamata da 'yan kwamitin nan biyu a gefe, a kujerun da ke fuskantar jama'a. Ina zaune a bakin layi da ɗiyata ta goye a cinya, makirufo na kan tebur, taku uku tsakanina da shi. Sai ga Shugaba ya shigo cikin babbar riga mai aiki, a wannan zafin na Malesiya da ko singileti nauyi take yi. Ya je gaban tsohuwar ya sunkuya har hularsa ta kusa faɗuwa. Sannan ya ɗauki makirufo zai yi jawabin maraba. Minti ashirin da biyar muka sha labarin jirgin ƙasan Japan da yadda wani farfesa a can ya roƙe shi ya zauna ya ƙi. Da ya gama sai ya juya ga mai kula da na'ura ya ce, "Boleh start, lah," wato a kunna da yaren Malesiya. Aka rage fitilu. Makirufo yana hannunsa, ya gyara tsayuwa gefen allo, a daidai inda na yi mako biyu ina ganin kaina.

Na lallaɓa na matsa kusa, na rage murya. "Ranka ya daɗe, akwai abin da ya kamata ka sani game da matar da ke cikin fim ɗin."

"Madam," ya ce, bai ko kauda makirufo daga bakinsa ba, kowa ya ji, "ni za ki gaya wa Japan? Je ki zauna ki kula da yarinya."

Na juya na dubi maigidana. Ya sunkuyar da kai, ya ɗan jawo gefen mayafina, ya ce a hankali, "Sai haƙuri." Ni kuma, mai bakin Fagge, wadda ta sa mata tara kuka a tsakar gida, na koma na zauna. Wannan zaman shi ne abin da har yau ban gama yafe wa kaina ba.

Matar ta fito a kan gada da lemarta. Shugaba ya gyara murya. "To jama'a, wannan ita ce yarinyar fim ɗin. Ku dubi tafiya, don Allah! Ni da na zauna a can zan gaya muku, haka matansu suke, very decent. Ku dubi wuya, ku dubi idanu dara-dara." Idanun nan fa ko da tabarau ba ka ganinsu, kyamara na can nesa. Ya ci gaba, "Matanmu, kuna dai gani ko? Wannan ita ce mace. Ba ta ɗaga murya, ba ta neman makirufo." Maza suka yi dariya, wasu suka waiwayo ni. "Wallahi da a zamanina take, da tuni na aika a tambayo mini gidansu."

Abokin mijin ya shigo da hannu a baya. "Yauwa, ga bos nan. Kun ga yana ɓoye abu? Toshi ne ya kawo. Kun ga yadda yake zagaye-zagaye? Matsiyaci ne, kunyar abin da ya kawo yake ji." Mutumin ya fito da malfar. "Kun gani! Malfa! Ko ɗan turare babu!" Zaure ya ɗauka. Matar ta naɗe lemarta, ta durƙusa cikin ruwa. Shugaba ya siranta murya, shi da ya ce bai dace mace ta yi muryar namiji ba, ya ce, "Haba malam, malfa? Na roƙe ka ka tafi da tsiyarka." Har da masu buga kujera. Shi a ganinsa duk fim ɗin duniya na Indiya ne, dole a samu yarinya da bos da soyayya, ina jin da fim ɗin ya ƙara minti biyu da ya sa musu waƙa.

Ban kalli allo ba, tsohuwar na kalla. Tana zaune a miƙe, hannayenta biyu a kan jakar yadinta, tana kallon jama'a kamar yadda ta yi alkawari. Abin da ya rage mata na kakanta a duniya ke nan, minti sha biyu, ana gaya wa mace mijinta ya mutu, mutanena suna ƙyaƙyata dariya. Ɗaya daga 'yan kwamitin ya duba agogo, ɗayan ya rubuta wani abu gajere ya rufe littafi. Sun ga abin da suka faɗa tun farko da idonsu, surutu a kan aikin wasu. Na ji hawaye na zuwa na danne, ba don komai ba sai don kada Shugaba ya ɗauka fassararsa ce ta taɓa ni.

Aka kunna fitilu, aka tafa masa, ya sunkuya hagu ya sunkuya dama. Tsohuwar ta miƙe ta tambaya da turanci me ya faɗa da mutane suka ji daɗi haka. Shugaba ya fara cewa ai al'adar Japan ya ɗan warware musu. Ta ce a'a, tana so ɗalibar da ta gayyace ta ta fassara mata, kalma da kalma.

Kowa ya san yadda ake yi wa babba tafinta a wurinmu. Ka rage nan, ka gyara can, ka rufa masa asiri. Na miƙe da yarinya a kafaɗa, na dubi maigidana, na dubi babbar rigar nan, sai na ji ba ni da sauran zanen da zan rufa wa kowa. Na kwashe komai na faɗa mata. Tafiyar, wuyan, idanun, toshin, har da maganar mace ta gari ba ta neman makirufo. Ban ƙara ko gishiri ba, maganar ba ta bukata.

Ta juya gare shi. "Ka ce da ka aika a tambayo gidansu?"

Ya washe baki ya sunkuya. "Yes, yes. Very beautiful lady. Arigato."

"Ba sai ka aika ba," in ji ta. "Gidanmu ne. Kakana ne, mahaifin mahaifina. Mutum ne mai saurin tsiron gemu, in suna ɗaukar fim sau biyu yake aski a rana. Ya sha wuya kafin ya iya wannan tafiyar. Da ya ji daɗi ƙwarai in ya san har yanzu tana aiki."

Yara ne suka fara, don sun fi iyayensu saurin kama turanci. Daga nan abin ya bi layi-layi zuwa baya, mata suka cusa baki cikin mayafi kafaɗu na rawa. Wani daga cikin maza ya yi tari ya fita waje da sauri. Shugaba ya ce, "Namiji? Subhanallahi. Namiji?" Ya cire hula ya duba cikinta, ya mayar. Ban taɓa ganin babbar riga ta yi wa mai ita yawa nan take ba sai ranar.

Tsohuwar ba ta yi murmushi ba. Ta ce, "Amma malfar ba kyauta ba ce." Ta tambayi malamata ko za a iya sake kunna fim ɗin. Aka ce za a iya. Sai aka yi cirko-cirko, domin makirufo na hannun Shugaba, ya manta ma yana riƙe da shi, kuma duk zauren babu mai ƙarfin halin karɓa. A nan ne maigidana ya tashi, a gaban duk mazan nan, ya zo ya ɗauki yarinya daga kafaɗata ya rungume. Na yi takun nan uku, na rusuna yadda aka koya mini a gida, na ce, "Ranka ya daɗe, aron makirufo." Ya miƙo mini kamar yana ƙona shi.

Na fara. Na ba matar zancen zuci irin na kowace mace mai jira, ta bar shinkafa a wuta, ya ce zai dawo kafin ruwa ya sauko, ga ruwa ya sauko. Har lokacin akwai sauran 'yan dariya a baya. Da abokin ya shigo sai na kaurara murya, na sa masa gaisuwa irin tamu. "Sannu da gida. Ya yara? Ya ruwan nan?" Ya yi baya, ya sake matsowa. "To madalla. Ya gida? Yaran dai lafiya ko?" A gaisuwa ta uku na ji zauren ya fara mutuwa. Duk wanda ya zauna a ƙasar waje ya san wannan gaisuwar. Ita ce wadda ake yi maka a waya daga gida, a tambaye ka karatu sau uku, a tambaye ka ko kana zaune, ko akwai wani kusa da kai.

Na ba matar muryarta. "Lafiya dai? Ina ka baro shi?"

"Jirgin ne ya ɗan samu matsala."

"Shi fa?"

Mutumin ya fito da malfar. Na bar shirun ya yi tsawo har na ji ƙarar fanka. Sannan na ce, ƙasa-ƙasa, "Sai haƙuri."

Daga nan ban sake cewa uffan ba. Ta naɗe lemarta, ta durƙusa, ruwa na dukanta, na bar kakan tsohuwar ya yi aikinsa da kansa. Can daga baya wata ta ce da ƙarfi, "Innalillahi wa inna ilaihi raji'un." Wata maƙwabciyata a Sentul, wadda aka gaya wa rasuwar mahaifinta ta waya watanni kaɗan kafin nan, ta kifa kai a gwiwa tana kuka. Mazan da suka buga kujera ɗazu suka zuba wa ƙasa ido. Masunci ne na ƙarya, a fim ɗin da ya girmi kakanninmu, matar ma ba mace ba ce kuma yanzu kowa ya sani, amma haka muka zauna kamar gidan makoki har allo ya yi fari. Ba wanda ya tafa.

Tsohuwar ta zo ta riƙe hannuna. Ta ce, "Kalmomi biyu kika faɗa a wurin malfar, sai kowa ya daina numfashi. Me kika ce?" Na yi ta kame-kame da turanci, na ce jurewa, na ce dangana, duk ba su kai ba. Daga ƙarshe na ce mata abin da muke faɗa ke nan in abu ya riga ya faru kuma ba mai iya dawo da shi. Ta sa na maimaita sau uku, ta rubuta a littafinta da rubutunsu. Ɗan kwamitin nan da ya rufe littafi ɗazu ya matso ya tambaye ni ko gaisuwar nan uku tana cikin fim ɗin ne ko ni na ƙirƙira. Na ce zagayen yana ciki, gaisuwar tamu ce. Ya buɗe littafinsa. Bayan mako uku na tsaya gabansu karo na uku na wuce, kuma babin farko na kundina a kan kalmomin nan biyu na rubuta shi.

Shugaba kuwa ya sulale tun kafin a tashi, amma an shaida mini bai manta da tapau ba, wato ƙunshin abincin tafiya gida, har guda biyu ya ɗauka. Bayan kwana kaɗan aka ji shi a mamak yana cewa ai tun farko ya san namiji ne, jama'a yake gwadawa. Tsinken cin abincin dai ya ɓace daga aljihu, kuma har muka baro ƙasar in ya ba da baya Angon Kaka ake ce masa. Ya daina amsa gaisuwata, takardar maigidana ma ta sha zama kafin ta fito. Mun jure, ba mu mutu ba.

Kafin tsohuwar ta koma ƙasarsu na je na ba ta haƙuri a kan dariyar da aka yi wa kakanta. Ta ce ba laifin jama'a ba ne, abin da aka gaya musu suka gani. "Fim ɗin bebe ne," in ji ta, "ba shi da bakin kare kansa. Shi ya sa ake tsayar masa da mutum a gefe." Ba ta ce ina nake a minti sha biyun farko ba, amma na ji tambayar.

Sau biyu aka faɗi "sai haƙuri" a zauren ranar, sau ɗaya maigidana ya gaya mini, sau ɗaya na gaya wa matar masunci, kuma tun daga ranar na daina haɗa su. Haƙuri na malfar da aka tsamo daga ruwa ne, abin da ya fi ƙarfin kowa. Makirufon da ke taku uku daga inda kike zaune, aikin naki ne, kin kuma san gaskiyar da mai riƙe da shi bai sani ba, wannan ba wurin haƙuri ba ne. Ki rusuna in babba ne, ki ce ranka ya daɗe, amma ki tashi ki karɓo abinki tun kafin a rage fitilu.